Ƙwallo a Gonar Gyaɗa

Shekara goma sha ɗaya na yi ina ɗaukar bidiyon biki kafin in ɗauki wani abu da ba wanda ya sa ni. A Fagge aka haife ni, nan na girma, nan iyalina suke har yau, amma shagonmu yana Sabon Gari, a saman wani tsohon bene da ake sayar da kayan wuta a ƙasansa. Mu biyu ne a shagon. Ni ke fita da kyamara, abokin aikina kuma ya zauna gaban kwamfuta ya tace abin da na kawo. Ibo ne, sai dai ko mahaifinsa a Sabon Gari aka haife shi, kuma in ya ga dama Hausarsa ta fi tawa daɗin ji. Ya girme ni da shekara shida, saboda haka nake ce masa Oga, shi kuma ya ce mini Malam, duk da ban taɓa koyar da kowa komai ba. Ranar Juma'a shi ke tsare shago in tafi masallaci, ranar Lahadi ni ke tsarewa ya tafi coci. Haka muke tun farko, ba tare da mun taɓa zama mun tsara ba.

Wanda ya ja ni zuwa ƙauyen maƙwabcina ne, wani tela da ke ɗinki a wani lungu bayan Kantin Kwari. Ɗaki ɗaya yake haya a layinmu, iyalinsa suna gida, kuma duk ranar Alhamis da yamma yakan rufe keke ya tafi, sai Asabar ya dawo. Mutum ne marar yawan magana. Wata rana ya tare ni a ƙofar masallaci ya ce ƙanensa zai yi aure, yana so in je in ɗauka. Ya ƙara da cewa hanyar ba ta da kyau, gara in sani tun yanzu.

Bai yi ƙarya ba. Mun yi sama da awa biyu a mota, sannan muka sauka a wata mararraba muka hau babur, muka bi ta cikin gonakin da aka riga aka girbe, muka tsallaka wani rafi da ƙafa. Lokacin kaka ne, ko'ina dammunan dawa a jingine. Aka ɗaura aure bayan sallar Juma'a, aka ci tuwo da miyar kubewa, na ɗauki abin da na saba ɗauka. Da aka yi la'asar sai na ga samarin da suka cika ƙofar gidan sun ɓace ɗaya bayan ɗaya. Can sai ga telan ya fito daga zaure, ya tuɓe babbar riga, yana sanye da gajeren wando, da usur a wuya. Ban taɓa ganin gwiwarsa ba sai ranar.

Na ce, "Maƙwabci, lafiya?"

Ya ce, "Yara ke jirana. In ba ka gaji ba, zo mu je."

Filin nasu gona ce, gonar gyaɗa da aka cire amfaninta. Sun kafa sandunan darbejiya biyu a kowane gefe, sun ɗaura igiya a sama. Layin fili kuwa da toka aka ja shi, wadda matan garin ke tara musu daga murhu. Samari ne kamar ashirin da biyar, daga ɗan shekara goma sha huɗu zuwa ɗan sha tara. Rigunansu duk koraye ne, amma babu biyu masu launi iri ɗaya, domin da ragowar yadin da telan ke tarawa a Kwari ya ɗinka su. Suna ce masa koci. Da ya busa usur, mutumin nan da ban taɓa jin ya ɗaga murya ba sai ga shi yana gudu a bakin layi yana kiran kowa da sunansa. Akwai saura kaɗan a batir ɗina, sai na kunna kyamara na bi su da ita har ta mutu.

Ranar Litinin Oga ya zauna tace bikin. Da ya kai ƙarshe sai ya kira ni.

"Malam, wannan fa?"

"Wasan yara ne, share shi kawai."

Bai share ba. Sau uku ya kalla. Shi ma ya buga ƙwallo a ƙuruciyarsa, a ƙungiyar cocinsu, har gwiwa ta hana shi. Ya tsayar da hoton a kan wani dogon yaro da ke tsaron raga, ya ce, "Dubi yadda yake tsayawa. Ba wanda ya koya masa wannan. Ka koma garin nan."

Na ce, "Wa ya sa mu?"

Ya ce, "Ba kowa. Ka je dai."

Alhamis ɗin da ta biyo na bi telan. Muka fara zuwa wurin mai gari na faɗi abin da ya kawo ni, ya ce ba laifi, in dai iyayen yara sun yarda. A hanyarmu ta dawowa muka wuce rijiya, wata dattijuwa ta ga kyamara a kafaɗata, ta sauke guga ta tsaya.

"Lafiya dai ko? Ciwo ne ya shigo?"

Na ce, "Lafiya lau, Inna. Ƙwallon yara na zo ɗauka."

Ta dube ni kamar ba ta yarda ba. Ta ce sau biyu ta taɓa ganin mai irin wannan abu a garinsu: da ruwa ya cinye musu gonaki, da kuma shekarar amai da gudawa. "Suka ɗauke mu muna kuka, suka shiga mota. Har yau ba mu ga abin da suka ɗauka ba." Na yi mata alkawari cewa duk abin da na ɗauka, su za su fara gani. Ta ce Allah ya sa, ta ci gaba da jan ruwanta.

Mai gonar wani tsoho ne da kowa ke kira Baba. Shi ke ba su aron filin daga an cire gyaɗa har zuwa ruwan farko, da sharaɗin za su taya shi sharar gona da kai taki idan lokaci ya yi. Kullum da la'asar yakan shimfiɗa buzu a gindin wata tsamiya da ke gefen filin, ya juya musu baya rabi da rabi, yana tufka igiya. Da na tambaye shi ko yana son ƙwallo, ya ce shi bai san kanta ba, kuma ba ya kallo. Ya yi ƙorafin sun tattake masa ƙasa ta yi tauri, sai an sha wuya wajen huɗa. Na ce to me ya sa yake ba su?

Ya ce, "In suna nan, na san inda suke. In ba sa nan, ban sani ba."

Mako uku na farko na yi aiki yadda nake zaton ana yi. Na ɗauki ƙafafun da ba takalmi, na ɗauki ƙwallon da aka yi wa faci, na ɗauki takalman ƙwallo guda uku da suke karɓa-karɓa a tsakaninsu. Ina ganin abin da zai taɓa zuciyar mai kallo ke nan. Golan nan dogo, wanda Oga ya nuna mini, ɗan maƙerin garin ne, shekararsa goma sha bakwai, kuma duk sanda na nufe shi da kyamara sai ya sunkuyar da kai. Ban taɓa jin muryarsa ba. Wata rana bayan an tashi ina naɗe kaya, sai ya zo ya tsaya kusa da ni.

"Malam, in tambaye ka?"

"Tambaya."

"Me ya sa kullum ƙafafunmu kake ɗauka? Yau na kama ƙwallo huɗu, kana can kana ɗaukar silifas ɗin wancan."

Na ce masa ya yi haƙuri. Da na koma Kano na ba Oga labari, ya yi dariya har da buga tebur, sannan ya buɗe abin da na tara ya nuna mini. Gaskiyar yaron ce. Na yi awa da awa ina ɗaukar abin da ba su da shi, na bar abin da suka iya. Tun daga nan na sauya wurin tsayuwa. Na koma bayan raga, na koyi bin ƙwallo, na koyi yin shiru. Na daina cewa kowa ya sake yin abu don kyamara, abin da ya zame mini jiki a wurin biki.

Sai garin ya fara buɗe mini. Maƙerin ya bar ni na zauna a maƙera da safe, ɗansa na zuga wuta, shi kuma yana dukan ƙarfe. A nan na gane inda yaron ya sami hannuwan da ba sa jin zafin ƙwallo. Uban bai taɓa zuwa fili ba, amma da na tambaye shi, ya ce yana jin ihun daga maƙera, kuma ya san bambancin ihun an ci ɗansa da na ya kama. Na bi wasu yaran kiwo, na bi wasu fadama inda suke ban ruwan albasa tun asuba domin su gama kafin la'asar. Na ɗauki matan da ke zuba toka a tsohon buhu. Na ɗauki telan yana ɗinke jesi da allura a zaure, yana ba ni labarin yadda ya so ya zama ɗan ƙwallo, aka kawo shi Kano koyon ɗinki yana ɗan shekara goma sha biyar. Bai faɗe shi da baƙin ciki ba. Ya ce ɗinkin ne ya yi masa aure, ɗinkin ne kuma ya yi wa yaran riguna.

Wasa mafi girma a wurinsu shi ne wanda suke yi da ƙauyen da ke ƙetaren rafi, sau ɗaya a shekara, daf da faɗuwar damina. Ranar garin duka ya fito in ban da maƙerin, har mata suka tsaya daga nesa a jikin danga. Aka tashi ɗaya da ɗaya. Kwana tara bayan nan aka yi ruwa. Da na dawo, an tuge sandunan, an yi huɗa, yaran nan da na sani da korayen riguna suna duƙe da fartanya a daidai inda raga take. Na ɗauki wannan ma. Golan ya ɗago ya nuna mini da hannu, ya ce nan ne wurin tsayuwarsa, kuma gyaɗar wurin ta fi ta ko'ina kyau saboda guminsa. Karo na farko ke nan da ya yi mini wasa.

Tacewa ta ɗauke mu wata biyu, domin sai mun gama aikin biki muke taɓa ta. Mun yi musu sosai. Ni ina so a sa kiɗa mai taushi a ƙasa, Oga ya ce a'a, ƙarar maƙera da usur da muryar mutane sun isa. Ni ina so in yi magana a kai in bayyana wa mai kallo halin da garin ke ciki, ya ce, "Suna da baki, Malam. Bar su su faɗa." Shi ma na kayar da shi a wuri guda: ya so ya yanke maganar dattijuwar bakin rijiya, wadda na koma na roƙa ta maimaita, yana ganin ta yi nauyi. Na ce da ita za a fara. Daga baya ya yarda. Abin da ya rage a ƙarshe minti arba'in ne da 'yan kai.

Da muka gama na ce mu nuna wa abokai a Fagge, Oga ya tuna mini alkawarin da na yi. Muka ari majigi da ƙaramin janareto, shi ma ya ce zai je. Bai taɓa shiga ƙauye irin wannan ba a arewa, duk da a nan aka haife shi. A kan babur ya riƙe majigin a ƙirji kamar jariri. Da muka isa, yaran suka kewaye shi, telan ya gaya musu wannan ne ya fara ganin wasansu. Ba a jima ba sai ga shi yana nuna wa golan yadda ake fita a tare ƙwallon kusurwa, yana ɗingishi da gwiwarsa.

A wani aji na firamaren garin muka nuna, bayan azahar, aka toshe tagogi da tabarmi. Mata suka fara shiga, sannan maza, sannan aka sake wa waɗanda ba su samu ba. Da farko ba a jin komai saboda dariya, duk wanda ya fito sai a kira sunansa. Dattijuwar ta ga kanta, ta rufe fuska da mayafi, tana leƙe ta gefe. Sannu a hankali aka yi tsit. Wurin da ajin ya fashe shi ne wasan ƙetaren rafi. Lokacin da garin ya farke ƙwallon da aka ci su, kyamarata ta kama gindin tsamiya ba da niyya ba, sai ga Baba mai gona ya yar da igiya ya miƙe tsaye, hannu biyu a sama, hularsa a ƙasa. Yana zaune a gaba a cikin ajin. Ya jira dariya ta lafa, ya ce kunama ce ta bi ta kan buzunsa. Maƙerin kuwa a ranar ya fara ganin ɗansa a raga. Da aka sake nunawa karo na uku, yana nan a inda yake.

Bayan mako biyu wani abokina mai gidan kallo a Fagge ya yarda a saka fim ɗin kafin a fara wasan Turai na yamma. Samarin unguwa suka fara da tsokana, wani ya ce a cire musu 'yan ƙauye. Da aka kai wurin da golan ya tashi sama ya ture wata ƙwallo da yatsu, sai na ji wani daga baya ya ce a dawo da wurin. A cikin masu kallon akwai kocin wata ƙaramar ƙungiya ta unguwar Kwaciri. Ya same ni a waje ya ce yana so yaransa su buga da su.

Sai da aka jira kaka ta zagayo, aka cire gyaɗa, suka yi atisaye na wata guda. Suka zo a bas ɗaya, su goma sha takwas, mafi yawansu ba su taɓa shigowa Kano ba. Direban ya bi da su ta kasuwar Singa, cunkoso ya riƙe su kusan awa guda, suka iso suna ba juna labarin tireloli da buhunan sukari. Aka yi wasan a filin wata makaranta. 'Yan Kwaciri sun fi su iya ba da ƙwallo, su kuma sun fi su numfashi. Aka ci su biyu, suka rama ɗaya. Daf da tashi aka ba da fanareti a kansu, golan ya kama ta, 'yan unguwar da suka zo yi musu dariya suka shiga fili suka ɗaga shi. Daga nan muka wuce gidana. Matata da ƙannenta sun dafa shinkafa da wake da mai da yaji, aka shimfiɗa tabarmi a tsakar gida da zaure. Oga ya kawo lemo kwali biyu. Ban taɓa ganin an cinye abinci da sauri haka ba, ba kuma wanda ya tuna an ci su.

Kocin Kwaciri ya nemi a bar masa golan. Telan ya ce ba shi ke da iko ba, sai uba. Maƙerin ya yi kwana uku yana tunani, sannan ya aiko da amsa: yaron ya zo da rani, ya koma gida da damina, kuma kada ya zauna ba sana'a. Oga ya sama masa wuri a wajen wani mai walda a Sabon Gari, ɗan cocinsu. Haka yake yi har yanzu, walda da safe, fili da yamma, yana kwana a ɗakin telan. Bai tafi Turai ba, ba kuma wanda ya tafi a cikinsu. Wasu sun yi aure, ƙananan da ke tsintar musu ƙwallo a da su ne ke sa korayen rigunan yanzu. Fim ɗin yana yawo a wayoyin mutane, wani lokaci a wurin biki wani zai tare ni ya ce ko ni ne na ɗauki 'yan gonar gyaɗa. Nakan ce ni da abokin aikina ne.

Ban daina zuwa garin ba. A wani zuwa da na yi, mahaifiyar golan ta aiko a kira ni. Na tsaya a zaure muka gaisa, ta miƙo mini galan na man gyaɗa da ƙullin ƙuli-ƙuli, ta ce in kai wa maiɗakina. Na yi godiya zan tashi, sai ta ce in dakata.

"Malam, kun ɗauki masu tattake gonar. Mu da muke soya gyaɗar muna matse ta fa?"

Na ce ai ni namiji ne, ba zan shiga cikin gida da kyamara ba.

Ta ce, "Ba ka da 'ya?"

Ina da ita, lokacin tana ajin ƙarshe a sakandare, kuma ta daɗe tana damuna in koya mata. Da aka yi hutu na tafi da ita. Na saita mata kyamara a zaure, na nuna mata inda za ta danna, na ce kada ta ce wa kowa ya sake yin komai. Ta shiga, ni kuma na zauna a waje da maƙerin muna shan fura. Daga ciki muna jin ƙarar turmi da hirar mata, can kuma muka ji muryar 'yata tana tambayar yadda ake gane gyaɗa ta soyu. Sai da aka kira la'asar ta fito, hannunta duk mai, ta ce batir ya ƙare, kuma ba su ko kai ga matsa ba, sai mun kwana.